Labarin hamadar tsafi da hatimin da aka kwafo daga kundi

Tambaya: Assalamu alaikum. Allah gafarta Malam, ni marubuciya ce a nan cikin birnin Kano, ina sakin labari shafi-shafi a WhatsApp. Labarin wata hamada ce da babu ita a duniya. Yashinta ja ne da safe, kore da azahar, shuɗi da dare. Tudu ya koma kwari a gaban idon mutum, wanda ya nufi gabas ya tsinci kansa a yamma. Jarumin ba ya tsira sai da wani hatimi da wasu kalmomi da na kwafo daga kundin kakana marigayi, don labarin ya yi armashi. Yayana ya ce duk ƙagaggen labari ƙarya ne, haramun ne. Mene ne hukunci?

Amsa: Wa alaikumus salamu wa rahmatullah. 'Yata, hamadarki ba ta tayar min da hankali ba. Kundin nan da kika ambata a ƙarshe kamar ba komai ba, shi ne ya sa na ajiye alƙalami na sake karanta wasiƙarki.

Maganar yayanki ba shi ya fara ta ba, akwai malaman da suka tafi a kanta. Hujjarsu hadisin Abu Dawuda da Tirmizi ne, mai yin narko ga wanda yake ba da labari ya yi ƙarya don ya ba mutane dariya. Hadisin mun karɓa, amma sun ɗora shi inda bai zauna ba. Ƙarya ita ce ka faɗi abin da bai faru ba, kana son mai sauraro ya ɗauka ya faru. Wa ya karanta yashi kore ya tafi tashar mota neman hanyar garin? Kakanninmu mata da suka buɗe da "ga ta nan, ga ta nanku" sun riga sun gaya wa yaro irin maganar da ke tafe. Shekara nawa Zaidu yana bugun Amru a zaurukan nahawu na garin nan, ba wanda ya ce malamin ya yi wa Zaidu ƙazafi. Ga kuma Muƙamatul Hariri, ƙagaggun labarai 50 a kan mutumin da yake sauya kama daga gari zuwa gari. Hariri, wanda ya rasu a shekara ta 516 bayan hijira, da kansa ya jera su a sahun labaran da ake sawa a bakin dabbobi, kuma malamanmu na zaure suna biya wa manyan ɗalibai littafin har yau. In duk ƙagaggen labari haramun ne, sai mu ce waɗannan bayin Allah sun tafi a kan saɓo, kuma ni bakina ba zai iya faɗin haka ba.

Abin da kika ƙaga ma ba sabo ba ne. Larabawan jahiliyya sun yi imani da "gul", wani abu a sahara mai sauya kama yana ɓatar da matafiya. Annabi (SAW) ya kore wannan a hadisin Jabir da Muslim ya ruwaito. Su aƙida suka riƙe shi, ke labari kika kira shi.

Hatimin kuwa ba ƙage ba ne. Sihiri yana cikin manyan zunubai bakwai masu halakarwa, wannan babu saɓani. Ban ce abin da ke kundin sihiri ne ba, ban gan shi ba, kuma ba na munana wa mamaci zato. Amma ke ma ba ki san ma'anarsa ba. Risala, littafin fiƙihun Malikiyya, ta halatta tofi da Littafin Allah da kyakkyawar magana, masu sharhi kuma suka hana kalmomin da ba a san ma'anarsu ba, don gudun kada kiran wanin Allah ya ɓuya a ciki. Kin ɗauki irin wannan kin zuba a wayoyin mutanen da ba ki sani ba, kika kuma nuna musu da shi ake tsira. A cikinsu akwai mai ciwon da ya ƙi ji, akwai wadda kishi ya hana barci. Wata za ta gwada.

Saboda haka ki ci gaba da labarinki, ki cire hatimin da kalmomin. Shafukan da suka riga suka fita ki goge, ki sanar a zauren WhatsApp ɗin cewa kada kowa ya yi aiki da su. Kada kuma ki maye gurbinsu da ayar Alƙur'ani ki mai da ita makamin tatsuniya. In da boka a labarin, ki bar shi da sharrinsa, kada ya zama gwarzo.

Kundin kada ki ƙona shi cikin fushi, kada ya je bola, galibi akan samu ayoyi da sunayen Allah a ciki. Ba naki ba ne ke kaɗai, akwai sauran magada. Ki kai wa babbanku, a nemi malami amintacce ya tantance.

Yayanki kuma kada ki tura masa wannan amsa da nufin kin kayar da shi. Kishin addininki ya sa shi magana. Na kuma lura saƙonki ya shigo ƙarfe biyun dare. Ki duba asubarki. In kuma kin karɓi kuɗin masu karatu kan alkawarin shafi kullum, bashi ne a wuyanki, ki cika ko ki mayar.

Wallahu a'alam.