In sayar da filin gado in zama furodusa?

Tambaya: Malam, ni kafinta ne, ina kuma taɓa zane. Burina in zama mai tsara dandalin fim, daga baya furodusa. Wani a Zoo Road, matattarar 'yan fim a Kano, ya ce in sayar da filin da na gada in kawo kuɗin, za a rubuta sunana a matsayin furodusa. Hankalina ya ƙi kwanciya. Haka ake shiga?

Amsa: Kada ka taɓa filin nan, ɗan'uwa.

Maganar nan ta "furodusa shi ne mai kuɗi" ta ishe ni, kullum sai an kawo mini ita. Wanda ya zuba kuɗi, mai ɗaukar nauyi ake ce masa. Furodusa shi ke sayen labari, ya ɗauko darakta, ya yi kasafi, ya san abin da abincin ma'aikata da man janareta za su ci a wuni, ya san yadda zai yi ranar da jarumi ya kashe waya alhali an riga an biya hayar kyamara. Kafin a fita lokeshan, wato wurin ɗaukar fim, ya san inda zai sayar da fim ɗin. Da can faifai ake bugawa a kai kasuwar Ƙofar Wambai, satar fasaha da masu turawa a waya suka binne wannan kasuwa. Yanzu sai YouTube, ko tashoshi irin Arewa24 da ta fara aiki a 2014. Shi kuwa YouTube ba ya raba kuɗin talla sai tasha ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin shekara. To, a tashar wa za a ɗora naka? Sunan wa ke kan takardar mallaka? Shi mutumin na Zoo Road yana da rajista da Hukumar Tace Finafinai ta Kano, wadda aka kafa tun 2001? Jefa masa waɗannan ka ji, zai ce "ai mu nan da amana muke aiki". Duk wanda ya ga biro da takarda ya fara wa'azin amana, tashi ka kama gabanka. Sunanka zai fito a ƙarshen fim, ba shakka, filin ne dai ba zai dawo ba.

Abin haushi, jarinka na hannunka. Masu tsara dandali sun yi mana ƙaranci. Shi ya sa ake aro falon attajiri a zaunar da talaka a ciki, ko a ce labarin zamanin kakanni ne, ga cajar waya na lilo a bango. Wanda ya iya haɗa ɗakin amaryar da, gado mai rumfa da jeren langa da tasoshi, ba zai rasa kira ba.

Ka bi wani mai aikin, ka ɗauki katako da fenti, ka sa ido a kan yadda kuɗi ke fita. In da hali, Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa na nan a Jos. Filin kuma a kewaye shi, damina ta kusa.