Me Ya Sa Turawa Suka Bar Sarki a Kano?

Tambaya: Malam, Turawan Ingila sun ci Kano da yaƙi, me ya hana su rushe sarauta? Daga wani ɗalibi, Fagge.

Amsa: Ƙarancin ma'aikata da kuɗi ne, ɗana. Kanar Morland ya shiga Kano a Fabrairun 1903, Sarki Alu yana hanyar dawowa daga Sakkwato. Aka kashe Waziri Ahmadu a Kwatarkwashi, Lugga, shugaban mulkin Turawa a Arewa, ya naɗa Wambai Abbas sarki, Alu kuma aka tsare shi a Lakwaja.

Lugga ya tarar da alƙalai da tsarin haraji, sai ya ɗora Razdan, wato Baturen da ke kula da lardi, a kai. Hakimai, waɗanda a da suke zaune cikin birni, aka tura su gundumominsu. Haraji ya koma Baitulmali, sarki ya koma cin albashi, kuma a nan gizo yake saƙa: mai biyanka shi ke iya tuɓe ka. Talaka kuwa ya rasa wurin kai ƙarar En'e, wato hukumar gargajiya ta sarki, shi ya sa jam'iyyar NEPU, da aka kafa a Kano a 1950, ta sa ta gaba.

Faransawa ba su yi wannan haƙurin ba. Sun tuɓe Sarkin Damagaram a 1906.