Filin Tambaya da Amsa: Jigo da Taurari a Adabin Turanci na Sakandare

Wasiƙun wannan fitowa daga Sakkwato da kewayenta suka zo, kuma duk a kan darasin adabin Turanci suke. Misalanmu daga littattafan da hukumar WAEC ta sanya wa ɗalibai na shekarun 2026 zuwa 2030 muka ɗauko su.

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina aji biyu na babbar sakandare. Na karanta An Inspector Calls, na san labarin ciki da bai. Amma duk gwajin da aka yi mana a kan jigo, sai malaminmu ya rubuta mini cewa labari na bayar, ban amsa tambaya ba. Ina kuskuren yake? *Wata ɗaliba, Mabera.*

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yata. Malaminki ya yi miki gata, domin wannan ita ce cutar da ta fi cin makin ɗalibai a wannan darasi. Mai duba takarda ya riga ki sanin labarin. Abin da yake nema shi ne ki faɗa masa me marubucin yake cewa da wannan labari, ki kuma kawo hujja.

Ki tuna darasin adabin Hausa. An koya miki jigo, an koya miki warwarar jigo. Aikin ɗaya ne a nan. Jigo shi ne saƙon da ya ratsa littafi tun daga farko har ƙarshe, kuma ba ya cika sai an faɗe shi a jimla. Idan kika rubuta "alhaki" kika yi shiru, kin dai ambaci kan magana. Idan kika rubuta cewa marubucin wasan, J. B. Priestley, yana nuna mutane da yawa kan haɗu su hallaka mutum ɗaya, kowa da ɗan abin da ya yi, sannan kowa ya ce ba shi ba ne, to yanzu kin kafa da'awa. Kamar a gaban alƙali ne: mai da'awa ba ya cin shari'a sai da shaidu, kuma shaidunki su ne abubuwan da taurari suka aikata.

Ga su nan a wannan wasa. Arthur Birling ya kori Eva Smith daga masana'antarsa saboda tana cikin jagororin yajin aikin neman ƙarin albashi daga sule 22 da sisi zuwa sule 25 a mako. 'Yarsa Sheila ta sa aka sallame ta daga kantin tufafi saboda hassada da fushin banza. Gerald Croft, wanda ake bikin baikonsa da Sheila a daren, ya ajiye ta na ɗan lokaci, ya rabu da ita da ya ga dama. Eric, ɗan Birling, ya yi mata ciki, ya saci kuɗi wajen fam 50 a ofishin mahaifinsa yana ba ta. Uwarsu Sybil, wadda ke da faɗa a ji a kwamitin mata masu taimakon gajiyayyu, ta hana ta taimako a lokacin da ba ta da sauran wurin zuwa.

Idan kika jero waɗannan biyar kika ajiye alƙalami, labari kika sake bayarwa. Makin yana cikin abin da za ki ce bayan kowace hujja. Misali, bayan hujjar Sybil sai ki bayyana cewa ta ɗora laifin gaba ɗaya a kan saurayin da ya yi cikin, ta nemi a hukunta shi a bainar jama'a, ba ta san ɗanta take yanke wa hukunci ba. Da haka marubucin ya nuna cewa mai ture alhaki bai san inda zai faɗa ba. Sannan ki lura da yadda gidan ya rabu biyu bayan fitar Sufeto Goole, wanda ya zo yi musu tambayoyi kan mutuwar Eva: da aka fara zargin cewa ba sufeton gaskiya ba ne, iyayen suka saki jiki, amma Sheila da Eric suka ce ko sufeto ne ko ba sufeto ba, abin da suka yi sun yi shi. Wannan rabuwa ita ce zuciyar jigon, kuma ɗalibai da yawa ba sa kaiwa gare ta domin sun ƙarar da lokaci wajen ba da labarin farkon wasa.

Akwai wani abu da ke ƙara wa amsa nauyi. An rubuta wasan a 1945, amma an ajiye labarin a 1912. Don haka lokacin da Birling yake bugun ƙirji cewa ba za a yi yaƙi ba, kuma jirgin ruwan Titanic ba zai taɓa nutsewa ba, masu kallo sun san an yi yaƙin duniya har biyu, jirgin kuma ya nutse a 1912 ɗin. Tun kafin sufeto ya shigo, marubucin ya riga ya zubar da ƙimar maganar Birling a idonsu.

Kowane sakin layi ki gina shi haka: da'awa a jimlar farko, hujja ɗaya daga littafi, bayanin abin da hujjar ta nuna, sai jimlar da za ta mayar da ke kan tambaya. Sakin layi huɗu ko biyar irin wannan sun fi shafi uku na labari.

Tambaya: Malam, idan aka ce in yi bayanin tauraro, daga "mutumin kirki ne" ko "mugu ne" sai maganata ta ƙare. Yaya zan faɗaɗa? *Wani ɗalibi, Runjin Sambo.*

Amsa: Ɗana, ka tambayi kanka abu uku game da kowane tauraro: me yake so, me ya tsaya masa a hanya, me ya zaɓa da aka matsa shi. Amsar ta uku ita ce halinsa.

Ɗauki A Man for All Seasons na Robert Bolt. Sarki Henry na Takwas na Ingila yana son rabuwa da matarsa Catherine ya auri Anne Boleyn, Fafaroma ya ƙi, sarki ya naɗa kansa shugaban cocin ƙasarsa. Sir Thomas More yana son ya rayu, yana son iyalinsa, ba neman mutuwa yake yi ba. Shi ya sa ya ajiye babban muƙaminsa a 1532, ya fake da shiru, yana ganin doka ba za ta kama wanda bai furta komai ba. Amma da aka ce sai ya yi rantsuwa a kan abin da zuciyarsa ba ta yarda da shi ba, ya ƙi, aka sare kansa a 1535. Ɗalibin da ya ce More "mai tsoron Allah ne" ya faɗi gaskiya, amma wanda ya nuna cewa lauya ne mai dabara wanda ya bi duk hanyar tsira ta halal kafin ya miƙa wuya, shi ya karanta wasan. Kar kuma ka manta da abin da tsayuwarsa ta jawo wa matarsa Alice da 'yarsa Margaret na talauci. Faɗin wannan ba zagin More ba ne, cikar bayani ne.

Sai ka ajiye Richard Rich kusa da shi. More ya ba shi shawara ya zama malamin makaranta, ya ƙi, muƙami yake so. More ya ba shi wani kofin azurfa da wata mata ta aiko masa a matsayin toshiya, daga baya aka nemi amfani da kofin a shafa wa More laifi. A ƙarshe Rich ya yi shaidar zur, aka saka masa da muƙamin Antoni Janar na yankin Wales. Duk matakin da More ya sauka, Rich hawa yake yi. Marubuta kan haɗa taurari biyu haka don halin ɗaya ya fito da na ɗayan, kuma ambaton wannan yana da maki.

Ka kula da lafazin tambaya. Idan halin tauraro aka tambaya, abin da ke sama za ka yi. Idan rawar da ya taka aka tambaya, ana son ka faɗi amfaninsa ga tafiyar labari da jigo. Tauraron da ake kira Common Man misali ne mai kyau: shi ne baran gidan More, shi ne mai fito, shi ne gandiroba, shi ne shugaban masu taya alƙali yanke hukunci, shi ne hauni. Rawarsa ita ce ya tsaya a madadin talakan da ke cewa ba ruwansa, cikinsa kawai yake karewa, alhali da hannunsa ake zartar da zaluncin.

Tambaya: Littattafan suna da tsawo kuma Turancin da wuya. Fim da ɗan littafin taƙaitawa ba za su wadatar ba? *Wani ɗalibi, Boɗinga.*

Amsa: Ba za su wadatar ba. Fim ɗin A Man for All Seasons na 1966 ya cire Common Man a matsayin tauraro guda, fim ɗin To Kill a Mockingbird na 1962 kuma babu Alexandra, gwaggon yaran da ke cikin labarin, a cikinsa. Idan tambaya ta faɗo a kan ɗayansu, mai dogaro da fim ba shi da abin rubutawa. Taƙaitawa kuma tana zubar da ƙananan bayanan da ake kafa hujja da su. A To Kill a Mockingbird, za ta gaya maka an zalunci Tom Robinson a kotu saboda baƙar fata ne. Littafin Harper Lee ne zai nuna maka cewa raunin fuskar Mayella, wadda aka zarge shi da yi wa fyaɗe, a ɓangaren dama yake, mahaifinta Bob Ewell bahago ne, hannun hagun Tom kuwa ya nakasa tun yana yaro a injin gurzar auduga, amma duk da haka aka same shi da laifi. Ka karanta babi ɗaya a rana, ka rubuta layi uku a kai: wa ya yi me, ga wa, me ya biyo baya. Fim ya zo daga baya.

Tambaya: Ni malama ce, ina koyar da The Marriage of Anansewa. Ɗalibaina sun rabu: wasu na cewa Ananse macuci ne, wasu na cewa uba ne nagari. Wanne zan tsayar musu? *Wata malama, Wurno.*

Amsa: Malama, kar ki tsayar musu da ko ɗaya, ki sa kowane ɓangare ya kawo hujja, domin wannan gardama ita ce darasin. Ɗalibanmu ma suna da sa'a a nan. Ananse gizo-gizo ne na tatsuniyoyin mutanen Akan na Gana, ɗan'uwan Gizonmu ne a wayo da shiga tarkon da ya ɗana da kansa. Efua Sutherland ta gina wasan a kan salon tatsuniya, da mai ba da labari da waƙoƙin da ke katse shi. Yaron da ya taso da jin Gizo da Ƙoƙi ya san wannan tsari kafin ya buɗe littafin.

Masu cewa macuci ne suna da hujja: ya kai hoton 'yarsa Anansewa ga sarakuna huɗu, ya ci kyautar kowa, ya yi wa mahaifiyarsa ƙaryar an ƙone musu gonar koko don ta bar gidan, ya sa Anansewa ta yi mutuwar ƙarya. Masu kare shi su ma suna da tasu: talauci ne ya tura shi, har kuɗin makarantar 'yar ya gagare shi, kuma mutuwar ƙaryar ce ta tona niyyar kowane manemi. Ɗaya yana son ta rena masa 'ya'ya, ɗaya yana son ya huce haushin matarsa da ita, ɗaya yana son mai ilimin da za ta riƙe masa kasuwanci. Na huɗu ne kaɗai ya ɗauki nauyin jana'iza kamar mijinta, alhali al'ada ba ta ɗora masa ba. Amsar da ta fi ƙarfi ita ce wadda ta kawo ɓangarorin biyu sannan ta zaɓi ɗaya da dalili. A ganinmu kyakkyawan ƙarshe bai wanke hanyar da Ananse ya bi ba, kuma ɗalibin da ya tambayi me ya sa ba a nemi ra'ayin Anansewa tun farko ba ya taɓo jigo na gaske.

Tambaya: Ɗiyata na son karatun lauya, an ce dole sai da wannan darasi. Amma na ji a littattafan akwai shan giya da zaman banza. Hankalina bai kwanta ba. *Wani uba, Gidan Igwai.*

Amsa: Alhaji, damuwarka a kan hanya take. Gaskiya ne jami'o'in Nijeriya galibi suna neman kiredit a adabin Turanci ga mai son karatun lauya, kuma gaskiya ne akwai waɗannan abubuwa. Sai dai a duba yadda suka zo. Shan giyar Eric da abin da ya yi wa Eva an kawo su ne a matsayin laifin da ya rusa gida ya kashe rai, ba abin sha'awa ba. Wanda zai zama lauya kuma aikinsa ke nan, ya saurari labarin ɓarna ya tantance mai laifi. Shawararmu ita ce ka sa ta riƙa ba ka labarin abin da ta karanta da Hausa, kana tambayarta wa ya yi daidai, wa ya kauce, da wace hujja. Ka sa ido a kan tarbiyyarta, ita kuma ta yi bitar jarrabawa.

Tambaya: Yaya zan shirya wa Antony and Cleopatra, kuma yaya zan raba lokaci ranar jarrabawa? *Wata ɗaliba, Arkilla.*

Amsa: Wasan Shakespeare a takarda ta ɗaya yake zuwa, ta zaɓin amsa. Cikin tambayoyi 50, guda 20 nasa ne: a ɗauko 'yan layuka a tambaye ki wa ya faɗa, wa ake gaya wa, a ina, me ya faru kafin nan. Don haka haddar jigo ba za ta fisshe ki ba, sai sanin muryar kowa. Ki raba taurarin gida biyu a takarda, na Rum da na Masar, ki rubuta wurin da kowace fitowa ta gudana, domin wasan yana yawan tsallakawa tsakanin ƙasashen biyu. Ki ba Enobarbus, na hannun daman Antony, kulawa ta musamman: shi ya siffanta Cleopatra a jirgin ruwanta, shi ya gudu ya bar Antony bayan al'amura sun lalace, kuma baƙin ciki ya kashe shi da Antony ya aika masa da dukiyarsa. A raba fitowa tsakanin ƙawaye a karanta da babbar murya, ya fi shiga kai.

Takarda ta biyu, ta zube, tambaya biyu ce a awa ɗaya da minti 15. Ta uku, ta wasan kwaikwayo da waƙa, tambaya huɗu ce a awa biyu da rabi. Kowace tambaya ke nan tana da wajen minti 37. Ki ba tsara amsa minti 5, ki jera da'awoyinki da hujjar kowacce a gefe, ki yi rubutu na minti 27, sauran ki duba rubutun sunayen taurari da nahawu. Tambaya ɗaya ake amsawa daga kowane sashe, wanda ya amsa biyu a sashe guda ya bar wani sashen ya yi asarar makin sashen da ya bari gaba ɗaya.