Shekara biyar ina biyan bashin gida, me ya sa bai ragu ba?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na karɓi bashin sayen gida na miliyan 10 a banki, da ruwa kashi 12 cikin ɗari a shekara, zan biya cikin shekara 20, kuma ana cire 110,109 daga albashina kowane wata. Yanzu na cika shekara biyar ban taɓa tsallake wata ko ɗaya ba, abin da na biya ya haura miliyan 6.6, amma da na karɓi takardar bayanin asusuna sai na ga har yanzu ana bina miliyan 9 da dubu 174. Tun ranar barci ya ƙaurace mini. Wani abokin aikina ya ce haka bankuna suke yi, sai sun gama kwashe ruwansu na shekara 20 kafin su taɓa uwar kuɗin, don haka ko na biya ƙari asara ce. Ya kuma haɗa ni da wani dillali da ya ce zai mayar mini da bashin zuwa wani kamfani mai karɓar kashi 10 kawai a shekara 15 da suka rage. Shin cutata ake yi? Kuma in bi dillalin?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Ka kwantar da hankalinka, domin na bi alƙaluman da ka kawo ɗaya bayan ɗaya, kuma ragowar miliyan 9 da dubu 174 ita ce daidai abin da lissafi yake bayarwa bayan biya 60 a kan irin wannan bashi. Ba a ƙara maka komai a ɓoye ba. Abin da ya fi damuna a wasiƙarka shi ne maganar abokin aikinka da kuma dillalin da ya kawo maka, kuma ina roƙonka kada ka sa hannu a kowace takarda kafin ka karanta wannan amsa har ƙarshe.

A wannan tsari, banki yana duba abin da ya rage a kanka a kowane wata, ya ɗora masa ruwan wata ɗaya, wato kashi 1 cikin ɗari tunda na shekara kashi 12 ne, ya cire wannan daga kuɗin da ka biya, sannan abin da ya saura ya tafi ga uwar kuɗi. A watan farko ana binka miliyan 10, ruwan ya kama 100,000, don haka 10,109 kawai suka rage bashin. A wata na 61 da za ka shiga, ruwan zai kama kimanin 91,744, uwar kuɗi ta samu kimanin 18,365. Cikin miliyan 6.6 da ka biya, kusan miliyan 5.78 ruwa ne, dubu 826 ne suka ci uwar kuɗi. Ko bayan shekara goma, rabin wa'adin ke nan, za a ci gaba da binka kimanin miliyan 7.67, kuma sai a wata na 172, cikin shekara ta 15, kason uwar kuɗi zai fara rinjayar kason ruwa a biyanka na wata. Idan ka bi jadawalin har ƙarshe, jimillar abin da za ka biya miliyan 26.4 ce, miliyan 16.4 daga ciki ruwa ne. Da ka zaɓi shekara 30, biyan wata zai sauka da kimanin 7,250 kacal amma ruwan ya kai miliyan 27, da kuma ka zaɓi shekara 15, ƙarin kimanin 9,900 a wata zai tsayar da ruwan a miliyan 11.6.

Maganar abokin aikinka kuwa na gaji da jin ta, domin kusan kullum sai wani ya zo mini da ita, kuma ba ta fitowa daga bakin marasa ilimi kaɗai, har masu manyan takardun shaida suna faɗar ta da cikakken tabbaci. Suna ganin kamar ranar da aka sa hannu banki ya ƙirga ruwan shekara 20 ya ajiye a gefe, yana ɗiban nasa har sai ya cika, sannan ya waiwayi uwar kuɗi. Babu wannan tarin ruwan a ko'ina cikin asusunka. Miliyan 16.4 ɗin da ke ƙasan jadawali hasashe ne na abin da zai taru idan ka riƙe kuɗin bankin har wata na 240 ba tare da ka gaggauta ba. Ruwa tamkar kuɗin haya ne: kana biyan hayar kuɗin da suke hannunka a wannan wata, kuma abin da ka mayar wa mai shi ba a sake karɓar hayarsa. Ruwan ya yi yawa a shekarun farko ne domin a lokacin bashin ya fi girma, kuma babu wani dalili bayan wannan. Ruwan shekara ta 18 bai wanzu ba tukuna, ba a caje ka shi ba, kuma idan ka gama biya kafin lokacin ba zai taɓa wanzuwa ba.

Kana iya gwada wannan da kanka ba tare da ka dogara da ni ba. Ka ɗauki takardar bayanin asusunka, ka zaɓi kowane wata, ka raba ragowar bashin watan da ya gabace shi gida ɗari, za ka ga ruwan da aka cire ya yi daidai da abin da ka samu, sai ɗan bambanci idan bankin yana lissafi da yawan kwanakin wata. Da banki yana kwashe ruwansa duka tun farko, da ba za ka ga ko dubu 826 ɗin nan sun fita daga uwar kuɗi ba.

Illar wannan jita-jita ita ce tana hana mutum yin abin da ya fi amfane shi a daidai lokacin da amfaninsa ya fi yawa. A ce yau ka samu miliyan ɗaya ka zuba a kan uwar kuɗi, ka ci gaba da biyan 110,109 kamar yadda ka saba. Maimakon wata 180 da suka rage, za ka gama cikin wata 137, ka rage fiye da shekara uku da rabi, kuma ruwan da za ka tsira da shi ya kai kimanin miliyan 3.8. Idan ka jira sai ƙarshen shekara ta 15 ka zuba wannan miliyan ɗayan, abin da za ka tsira da shi bai wuce kimanin dubu 690 ba. Idan ba ka da dunƙulallen kuɗi, ƙarin 10,000 a kowane wata daga yanzu zai yanke kusan shekara uku daga wa'adin, ya kuma rage ruwan da kimanin miliyan 2.4. Wanda ya yarda cewa biyan ƙari asara ce sai ya bar kuɗinsa a asusun ajiya da ba ya ba shi abin da ya kai kashi 12, alhali bashinsa yana cin kashi 12, yana kuma ganin ya yi wa banki wayo. Akwai waɗanda takaici yake kai su ga daina biya gaba ɗaya, suna cewa ai bankin ya riga ya ci rabonsa, sai tara ta hau kansu, ruwan da ba a biya ba ya taru, daga ƙarshe a fara maganar sayar da gidan da aka jinginar. Mutumin da ya ba su wannan shawara ba ya zuwa ranar da takardar kotu ta iso.

Jita-jitar tana da tushe, kuma ya kamata ka san shi, domin shi ne tarkon da ake shirin jefa ka. Akwai basussukan da ake ƙirga ruwansu tun ranar farko a kan asalin kuɗin da aka karɓa, a haɗa shi da uwar kuɗi, a raba jimillar a kan watanni, ba tare da la'akari da cewa bashin yana raguwa ba. Wasu masu ba da irin wannan bashi suna amfani da wata tsohuwar dabara da ake kira ƙa'idar 78, wadda ta samu sunanta daga jimillar lambobi 1 zuwa 12, domin su jingina mafi yawan ruwan ga watannin farko, ta yadda wanda ya biya da wuri ba zai samu ragin da ya cancanta ba. Saboda rashin adalcinta ne Amurka ta hana amfani da ita a 1992 a kan bashin ɗaiɗaikun mutane da wa'adinsa ya wuce wata 61. Abokin aikinka ya ɗauki halin wancan bashi ya liƙa wa naka, alhali alƙalumanka sun nuna cewa naka a kan ragowa ake lissafa shi.

Tambaya ɗaya za ka yi wa dillalin: kashi 10 ɗin nan a kan ragowar bashi ne, ko a kan asalin kuɗi har ƙarshen wa'adi? Idan ya fara kewaye-kewaye, ka san amsar. Kashi 10 a kan asalin miliyan 9 da dubu 174 yana nufin ruwan 917,400 a kowace shekara, ba ya raguwa, har shekara 15, jimilla kimanin miliyan 13.76. Ruwan da ya rage maka a bankinka na yanzu kimanin miliyan 10.65 ne. Ke nan za ka ƙara wa kanka sama da miliyan 3, biyanka na wata ya tashi zuwa kimanin 127,400, kuma wannan kashi 10 idan aka auna shi da ma'aunin bankinka ya kusa kashi 15. Ko da a kan ragowa ne, ka lura da wa'adi, domin wata dabarar ita ce a rage ruwan kaɗan a sabunta shekarun. Kashi 11 a kan sabuwar shekara 20 zai sauko da biyan wata zuwa kimanin 94,700, abin da zai faranta maka rai a watan farko, amma jimillar za ta kai miliyan 22.7 maimakon miliyan 19.8 da suka rage maka yanzu. Duk wannan ban saka kuɗin kimanta gida, da na lauya, da na rajistar sabuwar jingina, da ladan dillalin ba, wanda shi nasa ya tabbata daga ranar da ka sa hannu ko ka ci riba ko ka faɗi. Sauya mai ba da bashi yana da amfani idan ruwan ya sauka da gaske, wa'adi bai ƙaru ba, kuma ragin ya fi kuɗaɗen sauyin.

Saboda irin wannan wasa da alƙaluma ne ƙasashe da dama suka wajabta wa masu ba da bashi su bayyana ainihin tsadarsa ta shekara, wadda ta haɗa ruwa da wasu cajin, ake kuma taƙaita ta da haruffan APR, kamar yadda dokar Amurka ta 1968 ta tanada. Ka nemi wannan adadi, ka nemi jimillar abin da za ka biya, ka nemi cikakken jadawalin wata-wata, duka a rubuce. Wanda ya ce sai ka cika fom ka biya kuɗin dubawa kafin ya nuna maka jadawali bai cancanci ka sake komawa wurinsa ba.

Bankinka ma ban wanke shi sarai ba, domin da an zaunar da kai an nuna maka jadawalin nan ranar sa hannu, maimakon a tura maka shafuka masu ƙananan rubutu ana nuna maka inda za ka sa hannu, da ba ka rasa barci ba. Idan za ka biya ƙari, kada ka tura kuɗin kawai ka ɗauka an fahimce ka. Wasu bankunan suna ajiye irin wannan kuɗi a matsayin biyan watannin gaba, uwar kuɗi ba ta motsa ba, ruwa yana ci gaba da hawa a kan tsohuwar ragowa. Ka rubuta wasiƙa cewa a cire shi daga uwar kuɗi, ka karɓi kwafin da aka buga wa hatimi, ka nemi sabon jadawali. Za su iya ba ka zaɓi tsakanin rage biyan wata da rage wa'adi: da miliyan ɗayan nan, rage biyan wata zai sauko da shi zuwa kimanin 98,100 ya tsirar maka da kimanin miliyan 1.16, rage wa'adi kuma shi ne mai miliyan 3.8. Matuƙar albashinka yana ɗaukar biyan yanzu, na biyun nake ba ka shawara. Ka duba yarjejeniyarka ko akwai tarar biya kafin lokaci, da yawanta, da shekarar da take ƙarewa. Kada kuma ka zuba duk ajiyarka, domin kuɗin da ya shiga gida ba ya fitowa ranar rashin lafiya ko rasa aiki, kuma idan akwai wani bashi a kanka mai ruwan da ya fi kashi 12, shi ya kamata ka fara kashewa.

Masu karatu da suka sayi gida ta bankunan da ba sa mu'amala da ruwa su lura cewa lissafinsu ya bambanta. A tsarin murabaha, inda banki yake sayen gidan ya sayar maka, an ƙayyade farashin tare da ribarsa tun farko, don haka ragin biya da wuri ya danganta ne da yarjejeniya da dokar ƙasar, yayin da a tsarin musharaka mai raguwa, inda kai da banki kuke mallakar gidan tare kana biyan hayar kasonsa, hayar tana sauka ne gwargwadon yadda kake sayen kason bankin.

Duk alƙaluman da na kawo maka sun ginu ne a kan cewa kashi 12 ɗin ba ya canzawa har ƙarshen wa'adi, kuma ragowar da ka gani ta nuna bai canza ba a shekara biyar ɗin nan. Duk da haka ka nemo sakin layin da ya yi magana a kan sauya ruwa, domin akwai yarjejeniyoyin da suke tsayar da shi na wasu shekaru sannan su bar shi ya bi kasuwa, kuma irin wannan bashi mai araha a farko yana cikin abubuwan da suka raba ɗimbin iyalai da gidajensu a Amurka a rikicin kuɗi na 2008. Idan ka tarar bankin yana da ikon sauyawa, ka nemi su rubuta maka ma'aunin da suke bi, da iyakar da ruwan zai iya kaiwa, da tsawon sanarwar da za su ba ka kafin sabon biya ya fara aiki.