Tambaya da Amsa: Sai hannu ya fashe ake iya konga kamar Chano Pozo?

Tambaya: Malam, wata huɗu ke nan ina koyon kiɗan konga, doguwar gangar nan ta Kyuba da ake kaɗawa da tafi. Mai koya mini ya ce sai da tafin Chano Pozo, shahararren makaɗin konga, ya yi jini ya yi kanta kafin ya shahara, don haka in riƙa dukan ganga iya ƙarfina, in jiƙa hannu a ruwan gishiri. Yanzu yatsuna sun kumbura, jiya kuma bayan kiɗa na ga fitsarina ya yi ja. Hankalina ya tashi. In ci gaba?

Amsa: Ɗan'uwa, ajiye gangar yau, ka tafi asibiti a gwada fitsarin. Dukan tafi mai tsanani na tsawon lokaci yana farfasa jajayen ƙwayoyin jini a hannu, abin da suka zubar ya bi ta ƙoda ya fito a fitsari. Likitoci sun san haka ga makaɗan konga. Yakan washe da hutu da shan ruwa, amma yana iya taɓa ƙoda.

Shi Chano, a Havana ta ƙasar Kyuba aka haife shi a 1915. Ya taso cikin kiɗan rumba na unguwannin talakawa, kuma ɗan ƙungiyar asiri ta Abakuá ne, wadda tushenta ke komawa ga ƙungiyar Ekpe ta yankin Kalaba. A New York, makaɗin Kyuba Mario Bauzá ya haɗa shi da Dizzy Gillespie, mabushin ƙaho na kiɗan jaz, Chano da Gillespie suka hau dandalin Carnegie Hall a Satumbar 1947, suka naɗi kiɗan "Manteca" a Disamba. Bayan shekara guda aka harbe shi a wata mashaya a unguwar Harlem, yana da shekara 33. Abin da ya bar wa jaz shi ne ya sa babban ayarin mabusa na Gillespie ya hau kan clave, bugun nan biyar, uku da biyu, da kiɗan Kyuba ke tafiya a kai. Kunne ya yi wannan aiki, ba kanta ba.

Wannan zancen jini ya ishe ni, kullum shi ke nakasa yara. A zamanin Chano da ƙusa ake kafe fatar ganga, a gasa ta a bakin wuta kafin ta ɗau murya, kuma ganga ɗaya ce ke gogayya da ƙahoni fiye da goma. Taka tana da ƙarafan ɗauri, ga makirufo. Me kake nema da duka?

Buɗaɗɗen sauti da yatsu huɗu a haɗe ake fitar da shi kusa da bakin ganga, su taɓa su tashi. Bugun nan mai ƙara da ake kira mari, yatsu a sake ne, tafi ya ɗan lanƙwasa, bugun ya fito daga wuyan hannu kamar bulala. Idan ka sandare hannu, gaɓoɓin yatsu ne ke cin karo da bakin ganga, fatar kuma ta shaƙe, sai ka ji sauti ya mutu ka ƙara ƙarfi. Daga nan kumburi. Duba kuma zoben ƙarfen: in bai sauka ƙasa da bakin ganga sosai ba, shi kake duka. Ka ɗaure ƙarafan kaɗan-kaɗan, kana zagayawa.

Gishiri busar da fata yake yi ta tsage. Man kaɗanya ya fi. In likita ya sallame ka, fara da minti ashirin na tumbao, wato ainihin bugun konga, a hankali: mari a bugu na biyu, buɗaɗɗu biyu a na huɗu. Da ka ji zafi, tsaya. Malamin da ya ga yatsun ɗalibinsa sun kumbura ya ce a ƙara duka, hakkin wannan hannun yana wuyansa, kuma ka nemi wani.