Ɗan kwikwiyo a gidan da ke da yara: hukuncin riƙe shi da yadda za a haɗa su

Tambaya:

Assalamu alaikum Malam, Allah ya ƙara lafiya da basira. Maigidana ya karɓo ɗan kwikwiyo a wurin wani abokinsa da karyarsa ta haihu. Kyauta aka ba shi, ya ce zai raine shi ne don gadi, domin sau biyu ɓarayi suna haura mana katanga a bana. Yaranmu uku: babban shekararsa 9, mai bi masa mace ce 'yar shekara 6, sai auta mai shekara 2 da rabi. Babban ya ƙwallafa rai a kan kwikwiyon har yana roƙon a bar shi ya kwana a ɗakinsu, ita kuwa macen da ta hango shi sai ihu. Ni ma hankalina bai kwanta ba, don tun ina ƙarama nake jin cewa mala'iku ba sa shiga gidan da ke da kare. Shin ya halatta mu riƙe shi? In ya halatta, yaya zan haɗa shi da yaran, kuma yaya zan yi da tsarki idan ya lashe su ko tufafinsu?

Amsa:

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Allah ya saka miki da alheri 'yar'uwa da kika tambaya tun da wuri. Da yawa sai kare ya saba da gado, yara sun shaƙu da shi, sannan a zo neman fatawa, a lokacin kuwa kowace amsa aka bayar sai ta yi wa wani ciwo.

Ya halatta ku riƙe shi, tunda gadin da kika ambata buƙata ce ta gaskiya, amma mazauninsa ya zama a waje, cikin harabar gida, ba ɗakunan da kuke kwana da sallah ba.

Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira, Allah ya yarda da shi, cewa Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya ce wanda ya riƙi kare za a riƙa rage masa ƙiraɗi ɗaya, wato wani kaso, daga ladan aikinsa kowace rana, sai dai karen farauta ko na kiwo ko na gona. A ruwayar Ibn Umar ƙiraɗi biyu aka ce. Gadin gida bai zo cikin ukun nan ba, shi ya sa malamai suka yi saɓani a kansa. Ibn Abi Zaid al-Ƙairawani, wanda ya rasu a shekara ta 386 bayan hijira, ya rubuta a cikin Risala cewa ba a ajiye kare a gidajen birni ko na ƙauye sai don ɗaya daga cikin waɗancan dalilai. To amma masu sharhin littafin sun kawo cewa shi kansa, da katangar gidansa ta faɗi a lokacin da yake tsoron a cutar da shi, ya ajiye kare. Aka tuna masa cewa Malik ya ƙi hakan, sai ya ce da Malik ya riski zamaninsu da zaki mai kisa zai ajiye. Ba raina maganar Malik ya yi ba. Ya duba dalilin da ya sa aka yi rangwame ne, wato tsare dukiya da rai, ya ga wanda aka yarda masa ya tsare tumakinsa da hatsinsa ba za a hana shi tsare 'ya'yansa ba. Wannan ƙiyasi ne Ibn Abdil Barr ya bi, shi ne kuma Imam Nawawi ya rinjayar. Nawawi ya ma taɓo ainihin halin da kuke ciki: shin ana iya rainon kwikwiyon da bai kai ga aikin ba tukuna, da nufin ya yi idan ya girma? Ya ce mafi inganci ya halatta. Hankali ma ya yarda, don ba a fafe gora ranar tafiya.

Sai dai ku tsare niyyarku. Da a ce ba ku da wata barazana, sha'awar yara ce kawai ta sa aka kawo shi, da amsata ta sauya. A nan malamai tsakanin haramci da karhanci suke, mafi yawansu sun tafi ga haramci, kuma ko a kan maganar karhanci ba na ganin mai hankali zai yarda ladansa ya riƙa zuba kullum don wasa.

Abin da kika ji tun kina ƙarama gaskiya ne. Hadisin Abu Ɗalha ne a Bukhari da Muslim, cewa mala'iku ba sa shiga ɗakin da ke da kare ko sura, wato hoto ko mutum-mutumi. Malamai sun ce mala'ikun rahama da albarka ake nufi, masu rubuta ayyuka kam ba sa rabuwa da mutum. Al-Khaɗɗabi yana ganin karen da shari'a ta yi izinin riƙewa bai shiga wannan hani ba. Nawawi ya ce ya shiga, hujjarsa kuwa mai ƙarfi ce, kuma ita nake so ki ba wa ɗanki labari. Wata rana Jibrilu, alaihis salam, ya yi wa Annabi alkawarin zuwa, lokaci ya yi bai zo ba, har abin ya dami Annabi. Ashe wani ɗan kwikwiyo ne ya shige ƙarƙashin gado ba tare da an sani ba. Da aka fitar da shi sai Jibrilu ya zo, ya bayyana cewa su ba sa shiga inda kare yake. Muslim ya ruwaito wannan daga Nana A'isha, a wata ruwaya kuma ta Abu Dawud da Tirmizi daga Abu Huraira an ce kwikwiyon na Hasan ne ko Husaini. Ki zaunar da yaron ki ce masa: jikokin Manzon Allah ma sun so kwikwiyo kamar yadda kake so, ba laifi ba ne zuciyarka ta so shi, amma ko nasu fitar da shi aka yi daga ɗaki. Yaro ɗan shekara 9 zai karɓi wannan fiye da tsawa. Idan kuka ajiye karen a waje kun fita daga saɓanin gwargwadon iko, kuma can ne ma aikinsa yake, domin karen da ke barci a ɗakin yara ba ya jin mai haura katanga.

Kada wani ya rikita ki da cewa an yi umarni a kashe karnuka bayan wannan lamari. An yi a farko, daga baya aka ɗage, kamar yadda ya tabbata a hadisin Abdullahi ɗan Mugaffal a Muslim, inda aka yi rangwame ga karen farauta da na kiwo.

Batun tsarki shi ne inda waswasi ke kama iyaye mata, don haka ki saurara da kyau. Abin da ya zo a nassi shi ne idan kare ya sa baki a mazubi a wanke mazubin sau bakwai, a ruwayar Muslim kuma wankin farko da ƙasa. Imam Malik yana ganin kare mai rai tsarkakakke ne, jikinsa da yawunsa, wankin nan kuma bauta ce tsantsa da ta shafi mazubin ruwa, kuma a mashhurin mazhabarsa mustahabbi ne. Daga hujjojinsa akwai aya ta 4 a suratul Ma'ida, inda Allah ya halatta cin abin da karen farauta ya kamo, alhali da baki yake kamowa. Shafi'iyya da Hanbaliyya suna ganin najasa ne mai kauri, duk inda danshinsa ya taɓa a wanke sau bakwai, ɗaya da ƙasa. Hanafiyya sun tsaya a tsakiya, yawu najasa ne amma gashi da busasshen jiki ba komai, Ibn Taimiyya ma nan ya karkata. Abin da nake ba ki fatawa da shi: shafa busasshen jikinsa da busasshen hannu ba ya ɓata komai, taɓa kare kuma ba ya warware alwala a dukkan mazhabobin nan huɗu. Inda ya lasa, hannu ne ko riga, a wanke wurin kafin sallah. Kwanon da kuke amfani da shi in ya sa baki, a zubar da ruwan a wanke sau bakwai, ɗaya da ƙasa, don bin hadisi yadda ya zo. Mafi sauƙi a ware masa kwanonsa na ci da na sha, kada su haɗu da naku a wurin wanke-wanke. Abin da ba ki ga ya lasa ba kuwa kada ki wanke don zato, asalin abubuwa tsarki ne.

Kafin a haɗa shi da yara, maigida ya kai shi wurin likitan dabbobi. Wannan a wurina wajibi ne, domin shari'a ta hana cuta da cutarwa, kuma yaran amana ne a wuyansa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kusan kashi 99 cikin 100 na ciwon haukan kare da ke kama mutane daga karnuka yake zuwa, kuma kimanin kashi 40 cikin 100 na waɗanda abin ke shafa yara ne 'yan ƙasa da shekara 15. Ciwo ne da in alamunsa suka bayyana kusan ba a tashi. Allurar rigakafinsa galibi ana yi wa kwikwiyo ita ne yana da mako 12, akwai kuma wasu allurai da ake farawa kafin nan. Kwikwiyo da yawa da tsutsar ciki ake haifarsu, daga uwa suke ɗauka, ƙwanta kuma yana fita ta kashi ya zauna a ƙasa, ga ki da auta mai kai komai baki. A ba shi maganin tsutsa a kan lokaci, a kwashe kashinsa kullum, a duba masa ƙuma da kaska. In bai kai mako 8 da haihuwa ba, ya fi kyau a mayar da shi wurin uwarsa ya cika, don a tsakanin 'yan'uwansa yake koyon sassauta cizo.

Ranar haɗuwa ki zaɓi lokacin da kwikwiyon ya ci ya huta, yaran ma ba a guje suke ba. A yi a waje, ke ko mahaifinsu yana tsaye, kuma ɗaya bayan ɗaya, kada su yi masa taron dangi. Yaro ya zauna a ƙasa shiru, a bar kwikwiyon ya zo da ƙafarsa ya sansana shi, sannan ya shafa shi a ƙirji ko a gefe a hankali. Ba a rungume shi, ba a kai fuska kusa da bakinsa, ba a jan wutsiya ko kunne. Minti kaɗan sun isa a ranar farko, daga nan kowa ya je ya wanke hannu da sabulu, kuma wannan wankin ya zame musu jiki duk lokacin da suka taɓa shi. Ki kafa musu doka ɗaya da ba ta da sassauci: in yana ci ko yana barci ko ya shige makwancinsa, ba mai taɓa shi. Kwikwiyo barcinsa ya fi farkawarsa yawa, kuma a irin waɗannan lokutan ne aka fi cizon yara. Zai riƙa kai ɗan cizo na wasa saboda haƙora suna fito masa. In ya yi, yaro ya tsaya cak ya janye hannu a ba shi abin taunawa, kada a yi ihu a ruga, don gudu shi ke sa kare bi.

'Yar taki mai tsoro ita ta fi damuna. Kada a tilasta mata, kada yayanta ya ɗauko kwikwiyon ya bi ta da shi yana dariya. Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya hana a firgita musulmi, kuma a kan wasa ne ma aka yi hanin, kamar yadda Abu Dawud ya ruwaito. Ki bar ta ta riƙa kallo daga nesa tana jikinki, yau da gobe ta matso da kanta. In ba ta taɓa shi ba har abada, babu abin da ya ragu a addininta. Abin da ake so shi ne karen ya san ita 'yar gida ce, ita kuma ta san yadda za ta tsaya a gabansa. Auta kuwa ba a barinsa da kare shi kaɗai ko na ƙiftawar ido, komai sabo, kuma ɗan shekara 9 bai isa ya zama mai tsaronsa ba. In Allah ya ƙaddara cizo ko yagi ya fasa fata, a wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudana na minti 15, a tafi asibiti a ranar, ko da an yi wa karen allura.

Babban ki ba shi aiki, shi zai riƙa zuba masa ruwa da abinci a gabanki, ki kuma faɗa masa cewa lada yake samu. Allah ya gafarta wa wani mutum saboda ya sauka rijiya ya cika huffinsa da ruwa ya shayar da kare mai ƙishi, sahabbai suka yi mamaki, Annabi ya ce a cikin kowace hanta mai danshi, wato kowane mai rai, akwai lada. Wata mata kuma ta shiga wuta a kan kyanwar da ta tsare, ba ta ciyar da ita ba, ba ta sake ta ba. Ina nanata wannan ne domin na ga gidajen da, don a nesanta yara daga kare, ake koya musu ƙyamarsa har su riƙa jifa da duka suna zaton addini ne. Haramun ne, kuma karen da yara suka azabtar yana ƙarami su yake fara cizo in ya girma. Fitar da shi daga ɗaki ba ya nufin a ɗaure shi a rana da gajeriyar igiya. Ku yi masa makwanci mai inuwa da ke kare shi daga ruwa da sanyi, da filin da zai motsa jiki, ruwan sha kuma kada ya yanke masa. A 'yan kwanakin farko zai yi ta kuka da dare saboda rabuwa da uwa. A shimfiɗa masa tsumma mai ɗumi a leƙa shi, amma kada tausayi ya sa a shigo da shi ɗaki, don abin da ya saba da shi a makon farko da shi zai girma.

Idan wata rana buƙatar gadin ta kau, ko kuka ga ba za ku iya ɗaukar nauyinsa ba, ko ya zama haɗari ga yaran duk da horo, ku miƙa shi kyauta ga makiyayi ko manomi ko wani mai buƙatar gadi da kuka san zai kula da shi. Kada a sayar, saboda hanin da ya zo kan kuɗin kare a hadisin Abu Mas'ud al-Ansari, kada kuma a kai shi nesa a yar.

Allah ya tsare ku da zuriyarku. Wallahu a'alam.