Me ya sa mawaƙa ba su daina rera waƙar Sam Cooke ba?

Malam, ka tambayi dalilin da ya sa har yau ake maimaita "A Change Is Gonna Come". Ni dai a ganina, amsar tana cikin asalinta. A 1963 aka hana mai waƙar, mawaƙin Amurka Sam Cooke, ɗaki a wani otal a garin Shreveport na Amurka don shi baƙar fata ne. Ɓacin ran nan ya zuba a waƙa, da muryar da ya goge tun yana yaro a coci. Ta fara fita a kundin waƙoƙinsa a farkon 1964, aka sake fitar da ita a ƙaramin faifai a Disamba 1964, kwanaki kaɗan bayan an harbe shi a Los Angeles.

Kafin nan, yawancin waƙoƙinsa na soyayya ne da rawa. Wannan ita ta nuna wa na baya cewa waƙa mai sanyi za ta iya ɗaukar kukan al'umma ba tare da ihu ba. Otis Redding ya rera ta a 1965, Aretha Franklin a 1967, kuma tata ce ta fi taɓa ni, wallahi. Da Obama ya ci zaɓe a 2008, kalmominta ya aro a jawabinsa na Chicago.